NAZARI: Daga Babura zuwa Kotun Ƙoli: Ɗahiru Musdapher da kotun da hukuncinta ba ya komawa baya

Mai zaɓe a Malam Madori zai iya kwana a layi ya zaɓi wanda zai wakilci mazaɓar Malam Madori da Kaugama a Majalisar Wakilai, amma idan rigima ta tashi, alƙalai uku ne na Kotun Ɗaukaka Ƙara za su faɗi kalmar ƙarshe. Sashe na 246 na tsarin mulkin 1999 ya ce shari'ar zaɓen 'yan majalisar tarayya da na jiha a can take tsayawa. Ko kuskure suka yi, babu inda za a je.

A wannan kotu ce marigayi Mai Shari'a Ɗahiru Musdapher ya shafe shekara 18, daga 1985 zuwa 2003. An haife shi a Babura ranar 15 ga Yuli, 1942, tun garin yana ƙarƙashin lardin Kano. Ya zama lauya a Ingila a 1967, a Najeriya a 1968. Ya riƙe muƙamin Antoni-Janar na jihar Kaduna, ya zama Babban Jojin Kano, kafin a ɗaga shi zuwa kotun tarayya. Ya shiga Kotun Ƙoli a 2003, yana kuma cikin alƙalai huɗu da suka tabbatar da zaɓen Umaru Musa 'Yar'aduwa a Disambar 2008, yayin da uku suka ce a soke shi.

Abin da ya fi bin sunansa shi ne rikicin Sakkwato. A 2010 Kotun Ɗaukaka Ƙara na shirin yanke hukunci tsakanin Gwamna Aliyu Wamakko da Maigari Dingyaɗi, lokacin da ita ce matakin ƙarshe har a shari'ar gwamna. Sai Babban Jojin Najeriya, Aloysius Katsina-Alu, ya sa aka dakatar da hukuncin saboda koke-koken da aka shigar. Shugaban kotun, Ayo Salami, ya zarge shi da neman a karkata shari'ar, shi kuwa ya musanta. Musdapher na ofishin lokacin da mutanen biyu suka gana, don haka ya zama shaida a gaban kwamitin bincike, abin da ba kasafai ake gani ba ga alƙalin Kotun Ƙoli. Ba a taɓa karanta wancan hukunci ba. Wamakko da Dingyaɗi kuwa yau suna jam'iyya ɗaya.

Majalisar Shari'a ta Ƙasa ta dakatar da Salami a Agustan 2011, kwanaki kaɗan kafin Musdapher ya hau kujerar Babban Joji. Ya gaji gidan da ke cin wuta, ga shi ƙasa da shekara ɗaya ta rage masa ya cika 70. Ya kafa kwamitin gyaran ɓangaren shari'a ƙarƙashin Muhammadu Lawal Uwais, ya kai wa Majalisar Tarayya shawarwarin gyara 52 ga tsarin mulki. A Mayun 2012 majalisar shari'ar da yake shugabanta ta ba da shawarar a mayar da Salami, Shugaba Goodluck Jonathan ya yi biris, har Salami ya yi ritaya a 2013. Akasarin shawarwarin nan ma sun kwanta a majalisa. Za a iya yi masa uzuri da ƙarancin lokaci, amma abin da ya faru ya nuna iyakar ikon Babban Joji idan fadar shugaban ƙasa ba ta so.

Gyaran tsarin mulki na 2010 ya buɗe wa gwamnoni ƙofar Kotun Ƙoli, ya bar 'yan majalisa a inda suke. An ga bambancin ƙarara bayan zaɓen 2023. A Nuwamban shekarar Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tsige Abba Kabir Yusuf na Kano, takardar hukuncin kuma ta fito da sakin layi mai cin karo da abin da aka karanta, kotun ta ce kuskuren rubutu ne. Kotun Ƙoli ta mayar da shi ranar 12 ga Janairu, 2024. A ranar ta mayar da Caleb Mutfwang na Filato, ta ce dalilin da aka tsige shi ba ya cikin hurumin kotun zaɓe. Amma 'yan majalisar dokokin Filato 16 na PDP da aka kora da wannan dalilin ba su da gaba, kujerunsu sun tafi.

Musdapher ya rasu ranar 22 ga Janairu, 2018. Tanadin sashe na 246 kan 'yan majalisa yana nan yadda ya bar shi, kuma muddin ba a taɓa shi ba kafin 2027, da shi za a yi shari'ar kujerun Haɗeja, Kaugama da Malam Madori.