Kunne Ma Yana Da Tarihi: Don Me Ɗalibi Zai Karanta Littattafan Sauti Da Kiɗa?

Da sunan Allah Mai rahama, Mai jin ƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Kwanakin baya wani magidanci ya tare ni bayan sallar La'asar, ransa a ɓace. Ya tarar da littafin tarihin Alhaji Mamman Shata a jakar ɗansa, ɗalibin jami'a wanda ya sauke Alƙur'ani tun yana ƙarami. Ya ce mini, "Malam, yaron da ya sauke, me ya haɗa shi da littafin makaɗi?" Damuwarsa ta uba ce nagari, kuma na girmama ta. Amma na ce masa kada ya ƙwace littafin, ya zauna da yaron su karanta tare. Sauraron kiɗa mas'ala ce da malamai suka yi magana a kanta. Karanta abin da aka rubuta a kan kiɗa da sauti kuwa neman sani ne, kuma malamanmu da kansu ne suka buɗe wannan ƙofa.

Mu duba tarihi. Ibnu Abid Dunya, wanda ya rasu a shekara ta 281 bayan Hijira, ya rubuta Zammul Malahi domin zargin kayan wasa da kiɗa. Ibnu Hazm na Andalus ya bi hadisan da ake kafa hujjar haramci da su, ya raunana su, manyan malamai kuma suka mayar masa da martani. Imamu Gazali, wanda ya rasu a 505, ya ware babi guda a cikin Ihya'u Ulumid Din a kan ladubban sauraro. A can ya rarrabe hukunci gwargwadon mai rerawa, da kayan kiɗan, da kalmomin, da halin mai sauraro, ya hana wasu kayan ya kuma ƙyale wasu. Ibnul Ƙayyim ya tsananta a cikin Igasatul Lahfan. Babu ɗaya daga cikinsu da ya yi hukunci a kan abin da bai sani ba. Sun san sunayen kayan, sun san majalisun da ake amfani da su, sun san abin da sauti ke yi wa zuciya.

A ƙasarmu ma haka ne. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo da ƙanensa Malam Abdullahi sun yi rubutu a kan ganguna da sauran kayan kiɗa, inda aka yarda da su da inda ba a yarda ba. Wani manazarci Bajamushe, Veit Erlmann, ya bi diddigin waɗannan rubuce-rubuce a littafin da ya wallafa a 1986 kan kiɗa da tajdidi a farkon Daular Sakkwato. A wannan zamani dai Nana Asma'u ta riƙa tsara waƙoƙin wa'azi, jajoji suna haddacewa suna rera wa matan karkara. Jama'ar Shehu sun san cewa kunne ƙofa ce, sai suka tsare ta ta wani gefe, suka shigar da ilimi ta wani gefen. Ɗalibin da ke musu a Facebook kan halas da haram, bai taɓa buɗe ko ɗaya daga cikin waɗannan littattafai ba, da me yake musun?

Akwai kuma littattafan tarihi da adabi. Mafi shahara shi ne Kitabul Agani na Abul Faraj al-Asfahani, wanda ya rasu a 356 bayan Hijira. Ya gina shi ne a kan waƙoƙi 100 da aka zaɓa wa Halifa Haruna Rashid, amma ya zarce har ya zama taskar tarihin Larabawa da nasabarsu da waƙoƙinsu, mujalladi sama da 20 a bugun zamani. Ibnu Khaldun ya yaba shi ƙwarai ta fuskar adabi, Ibnul Jauzi kuwa ya yi gargaɗi a kan ruwayoyin marubucin. Duka biyun darasi ne: ana ɗaukar harshe da adabi daga littafin, ba a ɗaukar hukuncin shari'a ko labarin magabata daga gare shi sai an tantance.

Wani abin da ake mantawa shi ne ba duk littafin sauti ne yake magana a kan kiɗa ba. A 1985 Kristina Nelson ta wallafa The Art of Reciting the Qur'an bayan ta zauna da makarantan Alƙahira. Ta bayyana bambancin murattal, wato karatu mai sauƙi na koyo da ibada, da mujawwad na majalisi, da yadda makarantan ke taka-tsantsan kada karatu ya rikiɗe ya zama waƙa. A Masar ɗin ne aka naɗi cikakken Alƙur'ani murattal da muryar Shaihu Mahmud Khalil al-Husari a 1961. Daga baya kaset ya kawo muryarsa da ta Abdulbasit da ta Minshawi har cikin ɗakunanmu. Tsangayunmu sun gaji ruwayar Warshu, amma yau kunnen yawancin yaran birni ya fi sabawa da Hafsu, kuma kaset da makarantun Islamiyya suna da hannu a wannan sauyi. Wannan tarihin addininmu ne, kuma ta kunne ya faru.

Sai littattafan da mutum ke ba da labarin rayuwarsa. Ɗaliban Larabci sun san Al-Ayyam na Ɗaha Husaini. Da yake ya makance tun yana yaro, ƙauyensu duka sauti ne a wurinsa: muryar mawaƙin da ke rera labarin Abu Zaid al-Hilali da dare, da hayaniyar makarantar allo, daga baya kuma muryoyin malaman Azhar. Shi ma Yusuf Islam, mawaƙin Ingila da aka sani da Cat Stevens, ya musulunta a 1977, ya ajiye kiɗa shekaru masu yawa, sannan ya koma, ya kuma rubuta littafi yana bayyana dalilansa. Ba dole mai karatu ya yarda da matsayarsa ba. Amma matashin da ke fama da wannan tambaya a zuciyarsa zai ga yadda ta yi wa wani nauyi, ya san ba abin wasa ba ce.

Za a ce irin waɗannan littattafai suna iya kwaɗaitar da yaro ga abin da ake gudu. Gaskiya ne, akwai wannan haɗari, musamman a littattafan da ke ƙawata rayuwar shaye-shaye da holewa. Sai dai mu tambayi kanmu: yaron da wayarsa ke cike da waƙoƙi dare da rana, littafi ne zai ɓata shi? Sautin ya riga ya shigo gida ba tare da sallama ba. Abin da bai shigo ba shi ne tunani a kansa, kuma littafi ne ke kawo shi. Maganin shi ne a fara da malamai kafin marubutan adabi, a zaɓi littafi gwargwadon shekarun yaro, babba kuma ya san abin da ake karantawa a gidansa.

Abin da ya fi damuna ma shi ne ƙarancin namu rubutun. Farfesa Sa'idu Muhammad Gusau ya yi aiki mai yawa a kan makaɗa da mawaƙan Hausa. Ibrahim Sheme da abokan aikinsa sun fitar da Shata Ikon Allah a 2006, shekaru bakwai bayan rasuwar Shata. Allah Ya saka musu. To ina littafin ladanan da suka yi kiran salla da tsurar murya kafin zuwan lasifika? Ina tarihin alarammomi masu jan baki a tafsirin azumi na Rediyon Kaduna? Ina bayanin muryoyin da ake rera Ishiriniya da su daga gari zuwa gari, ko yadda almajirai makafi suka yaɗa Imfiraji ta Aliyu Namangi, ko mai gangar da ke tashin mutane sahur? Tsofaffin da suka san waɗannan suna tafiya ɗaya bayan ɗaya, kasusuwan da aka naɗa kuma suna lalacewa a cikin akwatuna.

Mu al'umma ce da aka fara kiranta zuwa salla da murya. Lokacin da Abdullahi ɗan Zaidu ya ga kiran salla a mafarki, Manzon Allah (SAW) ya umarce shi ya koya wa Bilal, domin muryar Bilal ta fi tasa. Alƙur'ani kuma ya sanar da mu, a Suratul Isra'i aya ta 36, cewa za a tambaye mu game da jinmu. Gaɓar da za a yi tambaya a kanta ta cancanci a yi karatu a kanta.

Ga ɗalibai kuwa, wayar da ke hannunku tana naɗar murya. Ku je wurin tsohon ladanin unguwarku ko alarammar tsangayarku a wannan hutu, ku nemi izininsa, ku tambaye shi wurin wa ya koya, ku rubuta.

Allah Ya tsare mana jinmu da ganinmu, Ya sa mu dace. Amin.