Kalmar "charge" a bakin tafintan kotu

Ba na jin akwai kalmar Turanci da ta samu wurin zama a bakin Bahaushe kamar charge. Mun mayar da ita caji. Da safe a kai waya wurin mai caji, da rana mai POS ya cire cajinsa, da dare 'yan sanda su tare mota su caje ta, wanda tsautsayi ya faɗa wa ya kwana a caji ofis. Idan kuma aka ce yaro ya yi caji, uwarsa ta san maganar ƙwaya ake yi.

A wurin masu ita ma ba fuska ɗaya gare ta ba. Tushenta carrus ne, keken ɗaukar kaya a harshen Latin, inda car da cargo su ma suka fito. Ta biyo ta Faransanci ta shiga Ingilishi da ma'anar loda kaya, kuma duk inda ta je daga baya wannan nauyin na biye da ita. Ɗura wa bindiga albarushi charge ne. Benjamin Franklin ya ari kalmar a shekarun 1740 yana bayanin yadda ake tara lantarki a cikin kwalba, daga nan cajin wayarmu ya samo asali. Kuɗin da aka yanka wa mai saye nauyi ne, ragamar ofis da aka danƙa wa mutum nauyi ce. Har sukuwar da mahayan Ingila suka yi kan igwogin Rasha a Balaklaba a 1854 da wannan suna aka san ta. Sai kuma laifin da hukuma ta ɗora wa mutum a gaban alƙali, wanda mu muke kira tuhuma.

Wannan ta ƙarshen ce ta sa na ɗauki alƙalami. Sashe na 36(6) na tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya ce duk wanda ake tuhuma da laifi sai an sanar da shi laifin dalla-dalla cikin harshen da yake ji, kuma a ba shi tafinta kyauta idan ba ya jin harshen kotu. Doka ta yi nata. Amma na zauna a kotu na ji tafinta ya dubi dattijon ƙauye ya ce masa "ana cajin ka da laifin kaza", dattijon ya juya yana neman ɗansa da ido, yana tambaya nawa ne. A saninsa caji kuɗi ne. Mutumin da ya ɗauka tara aka yanka masa zai iya cewa ya yarda domin a sallame shi ya koma gona, alhali abin da za a rubuta shi ne ya amsa laifi. Wannan ba ƙaramin zalunci ba ne, ko da babu wanda ya yi niyyarsa.

Mu 'yan jarida ma muna da kaso a ciki. Zargi daban, tuhuma daban, kama mutum da laifi daban, kuma Hausa tana da kalmar kowanne. Idan mai fassara labarai ya haɗe su ya ce "an caje shi", mai sauraro zai yanke wa mutum hukunci tun alƙali bai zauna ba, sunansa ya ɓaci a unguwa ko da daga baya an wanke shi.

Matsalar daga aji take farawa, inda ake sa yara haddar kalma ɗaya da ma'ana ɗaya, su girma suna tsammanin kowace kalmar Turanci tana da ƙawa guda a Hausa. Malami ya rubuta jimloli biyar da charge a allo, ya bar yara su gano wane nauyi ake ɗorawa a kowace, ya fi musu shafi guda na hadda.

Ba na neman a kori caji daga Hausa. Ya zauna a kasuwa da shagon waya, ya yi mana amfani. Abin da nake roƙon hukumomin shari'a na jihohinmu shi ne su horar da tafintoci a matsayin masu sana'a, su daina jawo duk ma'aikacin da ke kusa, su kuma wajabta kalmar tuhuma. Kafin a rubuta amsar wanda ake tuhuma, alƙali ya sa shi ya maimaita da bakinsa abin da ya fahimta ana zarginsa da shi.