Mustafa Alasan: silimar Nijar tana ajiye a ƙasashen waje

A ran 17 ga watan Maris na 2015 Allah ya yi wa Mustafa Alasan rasuwa a Wagadugu. Shekara biyu bayan haka, a 2017, babban gidan adana kayan fasaha na MoMA da ke birnin New York ya keɓe kwanaki domin nuna finafinansa. A Yamai kuwa, inda ya fara aikin, matasa da yawa ba su taɓa ganin ko ɗaya ba.

An haife shi a 1942. Makanike ne tun farko, kuma mai zane. Tun yana yaro yakan yanka kwali, ya kunna fitila a bayan ƙyalle, ya nuna wa jama'a inuwa tana motsi. A cibiyar bincike ta IFAN a Yamai ya haɗu da Jean Rouch, ya koyi riƙon kyamara, daga baya ya je Kanada wajen Norman McLaren ya ƙware a zane mai motsi. A 1962 ya yi Aouré, kan aure a ƙauyen Zabarmawa. A 1966 fim ɗinsa La Mort de Gandji ya sami kyauta a bikin Dakar.

Abin da ya bambanta shi da sauran shi ne dariya mai cizo. A cikin Bon voyage Sim, na 1966, shugaban jamhuriyar kwaɗi ne ya tafi ziyarar aiki, da jirgin sama da faretin soja da taken ƙasa, duk cikin minti biyar. Ba a ambaci sunan kowa ba, amma kowa ya gane. A shekarar nan kuma ya yi Le Retour d'un aventurier: wani saurayi ya komo daga Amurka da kayan kaboyi, ya raba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi garinsu. Zalika Sule ta fito a ciki. Sai F.V.V.A. na 1972, wato mace, gida, mota, kuɗi: labarin ƙaramin ma'aikaci da son burga ya kai shi ga taɓa dukiyar da aka ba shi amana, ya ƙare a gidan kaso. Ma'aikatan yau ma suna da abin gani a nan.

Daga baya ya koma Tawa, ya buɗe masaukin baƙi, ya mai da wani sashe nasa ɗakin aiki, yana ɗinka 'yan tsana da hannunsa yana ɗaukar su hoto ɗaya bayan ɗaya.

Matsalar ita ce ajiya. Faifan silima na da yana lalacewa da zafi da ƙura, tsofaffin gidajen silima na Yamai sun rufe, kuma kofen da aka gyara yawancinsu suna Faransa da Amurka. Cibiyar silima ta ƙasa, CNCN, ita ce ya kamata ta nemo su, ta daidaita da iyalinsa kan haƙƙin mallaka, a sa musu Hausa da Zabarmanci, Télé Sahel ta nuna, a kai makarantu da cibiyoyin yaƙi da jahilci. Shi kansa da mota yake yawo ƙauyuka yana haska wa manoma fim a bango.