Ilimin da ke cikin ƙirji ma ilimi ne

Sau da yawa mukan ji ana cewa abin da ba a rubuta a littafi ba, ai al'ada ce kawai. Ni dai ban yarda ba, kuma hujjata tana can tsakiyar Tekun Fasifik, wajen mutanen Folinesiya.

Kakannin mutanen nan sun zauna a tsibirai masu nisan gaske da juna, daga Hawayi zuwa Niyu Ziland har Rapa Nui, kuma da kwale-kwale suka isa, ba kamfas ba taswira. To, yaya suka yi? Jagoran jirgi yakan haddace inda kowane tauraro ke fitowa da inda yake faɗuwa. In gajimare ya rufe sama, sai ya saurari yadda igiyar ruwa ke bugun jirgin. In ya ga wasu tsuntsaye suna komawa gida da yamma, ya san tudu na kusa.

Amma fa wasu masana Turawa sun ce sam, wai iska ce ta kwashe su, sa'a ce kawai. A 1976 aka gwada. Kwale-kwalen Hokule'a ya tashi daga Hawayi, ya yi wajen kilomita 4,000 cikin kusan wata guda, ya sauka Tahiti ba na'urar nuna hanya ko ɗaya.

Ga inda abin yake da ban tsoro. Lokacin nan a Hawayi babu wanda ya rage da wannan sani. Sai da aka je wani ɗan tsibiri, Satawal, a Maikronesiya, aka ɗauko Mau Piailug, wanda ya koya tun yana yaro wajen kakansa. Shi ya koyar da Nainoa Thompson, ɗan Hawayi da ya ja jirgin da kansa a 1980. Da Mau ya ƙi koyarwa fa?

Wani zai ce, yau waya ma tana nuna hanya, me za a yi da taurari? Gaskiya ne. Sai dai tafiyar nan ta sa ƴan Hawayi suka daina jin kunyar harshensu da tarihinsu, kuma waya ba ta iya ba su wannan.

Taurarin da muke kira kaza da ƴaƴanta, Maori na Niyu Ziland suna ce musu Matariki, fitowarsu ce farkon shekararsu. Mu nawa ne a ajinmu za su iya nuna su da dare? Tsofaffinmu sun iya. A hutun nan mu zauna kusa da su, mu tambaya, mu rubuta tun suna nan.