Michael Laudrup da wasanni biyu da bai buga ba

Duk ɗan Najeriyar da ya mallaki hankalinsa a 1998 yana tune da daren 28 ga watan Yuni. Super Eagles sun doke Sifaniya da ci 3-2, sun doke Bulgeriya, sun jagoranci rukuninsu, jama'a har sun fara lissafin yadda za a yi da Brazil a wasan kwata fainal. Denmark kuwa an ɗauke ta a matsayin 'yar tsayuwar shan ruwa a hanya. Cikin minti 12 Peter Møller da Brian Laudrup sun zura ƙwallo biyu. Bayan an dawo daga hutun rabin lokaci, wani mai shekara 34 ya juya fuskarsa wani gefe, ya ɗaga ƙwallo sama da kawunan 'yan bayan Najeriya, ta sauka a gaban Ebbe Sand wanda bai yi rabin minti da shigowa fili ba. Sand ya kauce wa Taribo West, ya buga ta wuce Peter Rufai. Aka tashi 4-1. Ƙwallon rage zafi ta fito ne daga ƙafar Tijani Babangida, ɗan Kaduna, wanda shi da Sunday Oliseh suka gama lashe gasar Holland da kofin ƙasar tare da wannan mutum a Ajax 'yan makonni kafin nan.

Mutumin shi ne Michael Laudrup. Wasa ɗaya ya ƙara bugawa, wanda Brazil ta ci 3-2, ya rataye takalmansa.

In ana musun manyan 'yan wasan tsakiya a gidan kallon ƙwallo, za ka ji Zidane, ka ji Xavi da Iniesta, wani ya kawo Pirlo ko Modric. Da wuya sunan Laudrup ya fito. Bai taɓa cin Ballon d'Or ba, kuma kofin da ya fi kowanne girma a tarihin ƙasarsa an ɗauko shi ba tare da shi ba. Wannan ita ce hujjar masu rage masa daraja. Ba a ce babu nauyi a cikinta ba, amma ba ta kai inda suke kai ta ba.

An haife shi a 1964 a gidan ƙwallo, mahaifinsa Finn ya buga wa Denmark, ƙanensa Brian ma haka. Juventus ta saye shi yana ɗan shekara 19, ta ba Lazio aronsa na shekara biyu, ya dawo ya ci gasar Italiya a 1986 tare da Platini. A shekarar ce a Mexico ya ratsa 'yan bayan Uruguay ya ci ƙwallo a wasan da Denmark ta lallasa su 6-1. Amma Italiya ta wancan zamanin wuri ne na tsare gida da taka ƙafa. Sai da ya koma Barcelona wajen Johan Cruyff a 1989 aka ga ainihin abin da yake iyawa: gasar La Liga huɗu a jere daga 1991 zuwa 1994, da kofin zakarun Turai na farko a tarihin ƙungiyar a 1992.

Wasa na farko da bai buga ba shi ne na 26 ga Yunin 1992 a Gothenburg. Tun a Nuwamban 1990, bayan Yugoslavia ta bi Denmark har gida ta ci 2-0, Laudrup ya ce ya daina buga wa ƙasarsa saboda bai yarda da salon koci Richard Møller Nielsen ba, salon da ya fi ba tsaron baya muhimmanci. Brian ma ya fice, amma daga baya ya sauko ya koma. Da aka kori Yugoslavia daga gasar ƙasashen Turai saboda yaƙi, aka kira Denmark ta maye gurbinta ana saura 'yan kwanaki a fara, Michael bai sauya ra'ayi ba. Denmark ta fitar da Faransa, ta fitar da Holland a bugun fenareti, ta doke Jamus 2-0 a wasan ƙarshe.

A nan masoyansa suke yawan yin kwana, su ce ai tsayuwa ce a kan aƙida. Gaskiyar ita ce ya yi kuskure. Ɗan wasa ba shi ke zaɓen koci ba, kuma sakamako ya goyi bayan kocin: bayan tafiyar Laudrup, Denmark ta ci duka wasanni biyar da suka rage mata na share fage, har da wanda ta je Belgrade ta ci 2-1. Akwai ma abin da ya fi wannan ɗaci. Ƙungiyar da ta ci kofin ta ci ne da gudu da haƙuri da hannun Peter Schmeichel, da mayar wa mai tsaron raga ƙwallo ya kama, abin da doka ta haramta bayan gasar. Da Laudrup yana ciki, da dole a gina wasa a kansa, kuma babu tabbacin cewa ƙungiyar da aka gina a kansa za ta jure wa Holland da Jamus. Ya dawo a 1993, ya jagoranci ƙasar ta ci kofin Sarki Fahd a Riyadh a 1995, amma wannan ba ya cike wancan gurbi.

To amma wanda zai auna shi da 1992, adalci ya sa ya auna shi da 1994 ma.

A lokacin doka ta ba ƙungiya damar sa baƙi uku kacal a wasan Turai. Barcelona tana da huɗu: Koeman da Stoichkov da Romário da Laudrup. Dangantakarsa da Cruyff ta riga ta yi tsami, don haka a wasan ƙarshe na kofin zakarun Turai da AC Milan a Athens, shi aka bari a waje. Milan ta zo babu Baresi babu Costacurta, manyan 'yan bayanta biyu, duk an dakatar da su. Duk da haka Romário da Stoichkov suka yi ta yawo a gaba babu mai ba su ƙwallo, Desailly ya mamaye tsakiya, aka tashi 4-0. Ba za a ce mutum ɗaya zai hana cin ƙwallo huɗu ba. Abin da ya biyo baya ne ya fi bayyana lamarin.

Laudrup ya tattara kayansa ya koma Real Madrid, abin da magoya bayan Barcelona ba sa yafewa cikin sauƙi. A Janairun 1994 yana cikin Barcelonar da ta ci Madrid 5-0. A Janairun 1995 yana cikin Madrid ɗin da ta ci Barcelona 5-0, kuma shi ya ƙwace ƙwallo daga ƙafar Bakero ya miƙa wa Zamorano ya ci ta ukunsa. Madrid ta ɗauki kofin La Liga a kakar, na biyar a jere ga Laudrup da ƙungiyoyi biyu masu gaba da juna. Zamorano ya zama wanda ya fi kowa cin ƙwallo a gasar da 28. Barcelona ba ta sake cin La Liga ba sai 1998, kuma Cruyff bai ƙara cin wani babban kofi da ita ba har aka sallame shi a 1996.

Matsalar Laudrup ita ce aikinsa na ciyar da wasu ne, a zamanin da ba a cika ƙirga wanda ya bayar aka ci ba. Stoichkov ya karɓi Ballon d'Or a 1994, Romário ya zama gwarzon FIFA a shekarar, dukansu sun ci moriyar ƙwallayen da ya riƙa zura musu ta tsakanin 'yan baya. Yana da ƙwallo 37 a wasa 104 da ya buga wa Denmark, adadi mai kyau ga ɗan tsakiya, amma ba shi ne ma'auninsa ba. Dabarar nan ta sauya ƙwallo daga ƙafa zuwa ƙafa cikin ƙiftawar ido, wadda matasan yanzu suka sani da Iniesta, a wajen Laudrup 'yan kallon Camp Nou suka fara sabawa da ita, kuma Iniesta bai taɓa ɓoye cewa shi yake kwaikwayo yana yaro ba.

Akwai kuma zargin da ya bi shi tun yana wasa, cewa komai yana zo masa da sauƙi har ba ya matsa wa kansa. Aikinsa na koci bai wanke shi sosai ba. Ya ci gasar Denmark da Brøndby a 2005, ya kai ƙaramar Getafe wasan ƙarshe na Copa del Rey a 2008, ya ba Swansea babban kofinta na farko a Ingila a 2013, da ci 5-0 kuma, wannan karon a kan Bradford. Amma in ban da Brøndby, babu inda ya daɗe a Turai. Swansea ta kore shi kafin a cika shekara da ɗaukar kofin, ya ƙarasa a Qatar.

'Yan Denmark dai sun yanke nasu hukuncin. A 2006 hukumar ƙwallon ƙasar ta sa aka zaɓi ɗan wasa mafi girma a tarihinta. A jerin akwai Schmeichel da Brian, waɗanda suka ɗaga kofin 1992, akwai Allan Simonsen, ɗan ƙasar tilo da ya taɓa cin Ballon d'Or. Wanda ya ƙi zuwa Sweden ɗin aka zaɓa.