Shirun ofis ma ana iya kai shi kotu

Edita,

Ka ba ni fili in yi magana a kan abin da ya daɗe yana ci mana tuwo a ƙwarya a wannan yanki namu na Liba, Maiyama, Jega da Aliero: talaka ya rubuta wa hukuma takarda, a yi kunnen uwar shegu da shi.

Bara kwalbatin da ke kan hanyar gonakinmu ya rufta, bai ga damina biyu ba. Mu da dattawan unguwa muka rubuta wa ofishin da abin ya shafa, muna tambayar nawa aka kashe, wa kuma aka ba kwangilar. Sau huɗu ina hawa mashin in je. Yau a ce oga ya tafi Birnin Kebbi, gobe a ce fayil ɗin bai sauko ba. Daga ƙarshe masinja ya ce mini, "Baba, ka yi haƙuri kawai." Ban ga laifinsa ba, iyakar abin da yake da shi ke nan.

Sai daga baya wani ɗana mai karatun lauya ya buɗe mini ido. Ashe tun 2011 Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a Dokar 'Yancin Samun Bayanai. Ta ba hukuma kwana 7 ta amsa, kuma ba dole ba ne mai tambaya ya faɗi dalilinsa. In kwanakin suka cika ba a ce uffan ba, doka ta ɗauka an hana ka. Mu dama mun san shiru ma magana ce, ga shi doka ta yarda da mu. Daga nan kana da kwana 30 ka garzaya kotu, alƙali ya umarci ofishin ya fito da takardun. Hanawa ba bisa ƙa'ida ba tana iya jawo tarar naira 500,000.

Shekara da shekaru wasu jihohi na fakewa da cewa dokar ta Abuja ce, ba ta shafe su ba. Wasu mutanen Jihar Edo suka ja da hukumar yaƙi da cutar ƙanjamau ta jiharsu a kan neman bayanai tun 2014. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta kayar da su a 2018, ba su gaji ba, har Kotun Ƙoli ta yanke a Afrilun 2025 cewa dokar ta hau kan kowane mataki na gwamnati. Shekara goma sha ɗaya a kan tambaya guda! Kotun nan ce kuma a Yulin 2024 ta ce a riƙa tura wa ƙananan hukumomi 774 kuɗinsu kai tsaye. Wanda ya karɓi kuɗin jama'a a hannunsa, ai shi za a tambaya.

Abin da ke damuna shi ne kuɗin shari'a. Manomin albasa da ke jiran ciniki a kasuwar Aliero ina zai samo na lauya da na mota zuwa Birnin Kebbi? Ina roƙon lauyoyinmu 'yan asalin yankin nan su ɗauki ko da ƙara ɗaya kyauta, jami'an ofisoshi su ga da gaske ake. Gidajen rediyo kuma su karanta dokar nan da Hausa.

Mu dai mun sake rubutawa ranar Litinin. Wannan karon ban bar ofishin ba sai da aka buga mini hatimi da kwanan wata a kwafina, muna nan muna ƙirga kwanaki.

Naku,
Wani manomi daga Liba, Jihar Kebbi