Kowa yana kan wuyan wani

A shekarar 2008 wani mai zanen katun ɗan ƙasar Ajantina, Santiago Grasso, ya fitar da gajeren fim mai suna El Empleo. Bai kai minti goma ba, kuma babu wanda ya ce uffan a cikinsa. A ganina duk mai kukan wahalar zamani ya kamata ya kalle shi.

Ma'aikaci ne ya tashi da safe. Fitilar ɗakinsa mutum ne a tsaye. Teburin da yake karin kumallo a kai mutane ne, kujerar ma haka. Da ya fita ya tare tasi, sai wani ya durƙusa ya goya shi. Kana ta dariya har ya isa ofis, ya kwanta a bakin wata ƙofa, wani ya zo ya goge takalmi a bayansa ya shige. Ashe aikin nasa ke nan.

Abin da ya sa nake ganin girman fim ɗin shi ne bai wanke ma'aikacin ba. Kafin a taka shi, ya hau mutane da yawa, kuma ko fuskar ɗaya bai kalla ba.

Haka muke. Maigida ya ci mutuncinka a ofis, kai kuma ka huce a kan mai gadi. Albashinka ya makara ka yi ta tsaki, alhali kuɗin 'yar aikinka na watan jiya suna hannunka. Ka tsaya kana jayayya da ɗan garuwa a kan canji, bayan ya turo kura cikin rana tun daga wata unguwa.

Za a ce matsin ya fi ƙarfin kowa, musamman tun da aka cire tallafin man fetur a 2023. Gaskiya ne, ni ma ina ji a jikina. Sai dai farashin fetur ba a hannunka yake ba, amma yadda za ka yi wa direban adaidaita sahu magana a hannunka yake.

Don haka masu gajerun finafinan barkwancinmu su rage yi wa baƙauye da ɗan dako dariya, su juyo da kyamara kan mu masu aiken su. Mu kuma mu biya na ƙasa da mu haƙƙinsa kan lokaci, mu san sunansa, mu gaishe shi kafin mu aike shi.